Alhaji Mamman Shata Katsina (1923–1999): Rayuwarsa da Wasansa a Dandali

1.0 Gabatarwa

Idan aka ambaci wasan kwaikwayo a ƙasar Hausa, hankalin ɗalibai yakan tafi ne ga rubutattun wasanni irin su Wasan Marafa na Abubakar Tunau da Uwar Gulma na Mohammed Sada, ko kuma ga finafinan Hausa da suka bunƙasa daga shekarar 1990. To amma tun kafin zuwan boko Bahaushe yana da dandalinsa, inda kiɗa da waƙa da rawa da kwaikwayo suke haɗuwa wuri guda a gaban 'yan kallo. Duk ɗalibin da ya taɓa halartar bikin kamun kifi na Argungu ya ga haka da idonsa: makaɗa a cikin jiragen ruwa suna zuga masunta, wasu kuma a filin kokawa da dambe suna wasa mazaje, jama'a na kallo suna taya su.

A wannan babi za a kawo tarihin mutumin da ya fi kowa ɗaukaka wannan dandali a ƙarni na 20, wato Alhaji Mamman Shata Katsina. Za a dubi asalinsa, da yadda ya shiga waƙa ba tare da gado ba, da yadda yake aiwatar da wasansa, har zuwa rasuwarsa. Manufa ita ce ɗalibi ya fahimci cewa waƙar baka aba ce da ake aiwatarwa a gaban jama'a, kuma wanda ya karanta matanin waƙar Shata a takarda kawai, rabin aikin ya gani.

2.0 Asalinsa da Ƙuruciyarsa

An haifi Muhammadu, wanda aka fi sani da Mamman Shata, a garin Musawa ta ƙasar Katsina a shekarar 1923. Sunan mahaifinsa Ibrahim Yaro, mahaifiyarsa kuwa Lariya, kuma dukkansu Fulani ne. Laƙabin Shata ya samo shi ne tun yana yaro daga wani ɗan'uwansu da ake kira Baba Salamu, laƙabin ya bi shi har ya danne sunansa na yanka.

Shata bai yi karatun boko ba. Ya taso kamar sauran yaran karkara, yana noma, daga baya ya shiga tallar goro, sannan ya koma tallar alewa. A wajen wannan talla ne da kuma wasannin dandali na samari da 'yanmata aka fara jin muryarsa. A lokacin yana waƙa ne don nishaɗi, ba don neman abin duniya ba.

Wajibi ne a lura da matsayin waƙa a wancan zamani. A al'adar Hausawa kiɗa sana'a ce ta gado, ɗan makaɗi shi yake gadon gangar ubansa, kuma al'umma tana sanya makaɗa da maroƙa a ƙasan jerin masu sana'a. Ga Bafillace kuwa, roƙo abin kunya ne. Saboda haka Ibrahim Yaro bai so ɗansa ya zama mawaƙi ba, ya fi son ya tsaya ga noma ko fatauci. Shata ya nace a kan abin da zuciyarsa ta zaɓa, kuma wannan saɓani da mahaifinsa shi ne ƙalubale na farko da ya fuskanta. Wato ke nan ya shigo waƙa ne ta hanyar haye, ba shi da uban da zai koya masa, ba shi da fadar da zai gada.

3.0 Daga Musawa zuwa Bakori da Kano da Funtuwa

Bayan da Shata ya rungumi waƙa a matsayin sana'a, sai ya bar Musawa ya koma Bakori, inda ya zauna a ƙarƙashin Abdullahi Inde, ɗan sarautar Musawa wanda yake aikin En'e na sayen auduga da gyaɗa a can. A Bakori ne ya yi aurensa na farko, kuma daga nan ne ya riƙa fita da makaɗansa zuwa garuruwa da kasuwanni, har ya kai Katsina da Kano. Ba abin mamaki ba ne da ya bunƙasa a wannan yanki, domin a lokacin kaka kuɗin auduga da gyaɗa sukan shiga hannun manoma da 'yan kasuwa da direbobi, sai bukukuwa su yawaita, makaɗi ya sami masu saurare da masu kyauta.

Tauraronsa ya fara haskawa sosai a shekarar 1952, a zamanin Sarkin Kano Abdullahi Bayero, lokacin da ya yi wasa a wani gagarumin biki da aka aurar da 'ya'yan sarautar Kano, wanda ake kira Bikin 'Yan Sarki. Daga wannan biki ne sunansa ya shiga gidajen sarauta da na attajirai. Daga baya ya koma Funtuwa da zama, ya yi kimanin shekara 40 a can, har mutane da yawa suka ɗauka shi haifaffen garin ne.

Zamani ma ya taimaki Shata. Ya yi tashe ne a daidai lokacin da rediyo da faifan garmaho suka shigo ƙasar Hausa. Gidan Rediyon Kaduna, wanda aka buɗe a 1962, ya kai muryarsa duk inda ake jin Hausa a Afirka ta Yamma, kamfanin EMI ya buga waƙoƙinsa a faifai, daga baya kuma kaset ya shigar da su shaguna da motocin haya. Shi kansa ya yi tafiye-tafiye zuwa ƙasashe irin su Nijar da Gana, ya je Makka aikin Hajji, ya kuma ziyarci Ingila da Amurka.

4.0 Yadda Yake Aiwatar da Wasa

Domin a gane abin da Shata ya kawo, sai a kwatanta shi da makaɗan fada. Makaɗin fada, irin su Ibrahim Narambaɗa a fadar Sarkin Gobir na Isa, ko Salihu Jankiɗi a fadar Sarkin Musulmi, ko Aliyu Ɗandawo wanda ya zauna a fadar Sarkin Kabi a Argungu, yana da ubangida tsayayye. Yakan shirya waƙarsa a gida tare da yaransa, su maimaita ta har ta zauna, sannan su kawo ta gaban sarki da kayan kiɗan sarauta kamar kotso da taushi. A irin wannan waƙa 'yan amshi sukan karɓi ɗan waƙa daga bakin jagora su ƙarasa shi.

Shata ya bi wata hanya daban, kuma ana iya taƙaita ta kamar haka.

Na farko, kayan kiɗansa kalangu ne, gangar da aka sani da mahauta da kuma wasan 'yanmata a dandali. Shata ya ɗauki wannan ganga ya shigar da ita fadojin sarakuna da manyan zauruka na taro. Kalangu yana da wata baiwa da ta shafi harshe: idan makaɗi ya matse tsarkiya da hammatarsa sauti yakan hau, idan ya saki yakan sauka, don haka gangar tana iya bin hawa da saukar karin sautin Hausa, har mai saurare ya ji kamar magana take yi.

Na biyu, amshinsa gajere ne, ba ya canzawa daga farkon waƙa zuwa ƙarshe, kuma makaɗansa su ne 'yan amshinsa. Wannan gajeren amshi shi yake ba shi damar numfasawa da tunanin ɗan waƙa na gaba. Ta haka ne yake iya ƙirƙirar waƙa nan take, ya ga mutum ya shigo fili ya saka shi a ciki, ya ambaci garinsu da iyayensa da kyautar da ya taɓa yi masa. Shi ya sa waƙa ɗaya idan aka ɗauke ta a wurare biyu ba ta zama iri ɗaya.

Na uku, Shata ɗan wasa ne a fili. Yakan tsaya a gaban makaɗansa, ya taka, ya nuna da hannu, ya juya ga makaɗa ya ba su umarni a cikin waƙa, ya sassauta murya ko ya ɗaga ta gwargwadon abin da yake faɗa. Yakan ba da labari, ya kawo zance tsakanin mutum biyu, ya yi ba'a har fili ya ruɗe da dariya, sannan ya dawo kan yabo. 'Yan kallo su ma suna cikin wasan, domin masu rawa da masu liƙi da masu guɗa duk suna sauya tafiyar waƙar. A nan ne wasan Shata ya haɗu da wasan kwaikwayo: akwai fili, akwai ɗan wasa, akwai labari, akwai 'yan kallo.

5.0 Jigogin Waƙoƙinsa da Hulɗarsa da Jama'a

Masana suna sanya Shata a rukunin makaɗan jama'a, domin bai keɓe kansa ga sarki ɗaya ko sana'a ɗaya ba. Ya yi wa sarakuna waƙa, musamman Sarkin Daura Muhammadu Bashar, wanda ya yi sarauta daga 1966 zuwa 2007, kuma shi ne babban ubangidansa. Haka kuma ya yi wa attajirai da ma'aikata da sojoji da direbobi da mata waƙa. Mutanen ƙasar Gwandu ma suna da rabonsu, domin waƙar Ummaru Ɗanɗanduna na Gwandu tana cikin waƙoƙinsa da suka fi yaɗuwa. Bayan yabo, ya yi waƙar begen Annabi (SAW), da waƙoƙin gargaɗi da na noma, ya waƙe dabbobi da tsuntsaye, har kumbon Apollo 11 da Amurkawa suka aika duniyar wata a 1969 bai tsira daga bakinsa ba. Bakandamiyarsa kuwa, wato waƙar da ya wasa kansa a cikinta, taska ce ta tarihin yawace-yawacensa da gwagwarmayarsa da abokan hamayya.

Wannan 'yanci da ya samu yana da nasa farashi. Makaɗin da ba shi da fada ɗaya da kyautar jama'a yake rayuwa, kuma makaminsa idan an ɓata masa shi ne zambo da habaici. Shata ya yi amfani da wannan makami ƙwarai, har manyan mutane suna shakkar harshensa. Bugu da ƙari, waƙar da ya yi a kan shan giya ta jawo masa suka daga malamai da sauran jama'a. Mai nazari bai kamata ya ɓoye wannan ɓangare ba, domin ta nan ne ake ganin ƙarfin da mawaƙi yake da shi a al'ummar da take daraja suna da mutunci, da kuma iyakar da al'ummar take gindaya masa.

Shata ya taɓa siyasa. A shekarun 1970 ya zama kansila a ƙaramar hukumar Kankiya. A Jamhuriya ta Biyu ya shiga jam'iyyar GNPP, daga baya ya koma NPN, a Jamhuriya ta Uku kuma ya riƙe shugabancin jam'iyyar SDP a ƙaramar hukumar Funtuwa.

6.0 Karramawa da Rasuwarsa

Sana'ar da mahaifinsa ya guje masa ita ce ta kai shi ga ɗaukaka. Gwamnatin Tarayya ta ba shi lambar girmamawa ta MON, Jami'ar Ahmadu Bello ta Zariya kuma ta ba shi digirin girmamawa na dakta. A fagen ilimi, Ɗandatti Abdulƙadir ya rubuta kundin digirinsa na uku a kansa a Jami'ar Indiyana ta Amurka a 1975, sannan a 2006 Ibrahim Sheme da abokan aikinsa suka fitar da littafin tarihinsa mai suna Shata Ikon Allah.

A ƙarshen rayuwarsa ya yi fama da rashin lafiya, aka yi jinyarsa a Kano da kuma Jidda. Allah ya yi masa rasuwa ranar Juma'a, 18 ga watan Yuni, 1999, a Asibitin Koyarwa na Malam Aminu Kano. An kai gawarsa Daura, garin ubangidansa Sarki Muhammadu Bashar, aka yi masa sutura a can. Allah ya jiƙansa da rahama, amin.

7.0 Kammalawa

Shata ya yi fiye da shekara 50 yana waƙa, kuma shi kansa bai san adadin waƙoƙin da ya yi ba. Da yawa daga cikinsu an rera su ne sau ɗaya a wani biki, babu na'urar ɗaukar magana a wurin, suka tafi tare da waɗanda suka ji su. Waɗanda aka ɗauka ma murya da kiɗa kawai suka adana, ban da ƙalilan da aka ɗauka a talabijin. A nan akwai darasi ga ɗalibin da zai zama malamin Hausa. A garuruwanmu na Kabi da Gwandu da Yawuri akwai makaɗan fada da na noma da na su da na dambe waɗanda ba a taɓa ɗaukar wasansu ba. Idan za a yi nazarinsu, to a je fili, a ɗauki murya da hoto, a rubuta wuri da lokaci da dalilin taron, a lura da abin da jagora da makaɗa da 'yan kallo suke yi. Da haka ne za a adana waƙa tare da wasanta.

8.0 Tambayoyin Bita

1. Me ya sa mahaifin Shata ya ƙi amincewa da shigarsa waƙa? Danganta amsarka da matsayin makaɗa a al'ummar Hausawa.
2. Kawo bambance-bambance 3 tsakanin yadda Shata yake aiwatar da waƙa da yadda makaɗan fada suke yi.
3. Yi bayanin dangantakar da take tsakanin sautin kalangu da karin sautin Hausa.
4. Ziyarci wani makaɗi a yankinku, ka kalli wasansa, sannan ka rubuta rahoton shafi 2 a kan rawar da 'yan kallo suka taka a wasan.