Tarihin Imamu Buhari Da Ƙasar Da Ta Haife Shi

 

Da wuya a shiga wani gari a ƙasar Kura da Bunkure ba a sami mai suna Buhari ba. Amma mutane da yawa ba su san cewa asalin wannan suna na gari ba ne, watau birnin Buhara da ke tsakiyar nahiyar Asiya, a ƙasar da ake kira Uzbekistan a yau. Ma'anar Buhari ita ce mutumin Buhara, kamar yadda ake cewa Bakano ko Bakatsine.

Larabawa suna kiran wannan yanki Ma Wara'an Nahri, watau ƙasar bayan kogi, domin duk wanda ya fito daga Hurasan sai ya ƙetare kogin Jaihuna, wanda yanzu ake kira Amu Darya, kafin ya isa can. Ƙasa ce mai ƙarancin ruwan sama, hamada ta kewaye ta. Rayuwar Buhara da 'yar'uwarta Samarƙand ta dogara ne ga kogin Zarafshan, wanda yake gangarowa daga duwatsun gabas, aka yanka masa hanyoyi zuwa gonaki da lambuna tun kafin zuwan Musulunci. Manomin Bunkure da yake shayar da alkama da shinkafa da ruwan madatsar Tiga, wadda aka gama a 1974, zai gane irin wannan rayuwa da sauƙi. Musulunci ya kafu a Buhara bayan da sarkin yaƙi Ƙutaiba ɗan Muslim ya ci birnin wajen shekara ta 90 bayan Hijira.

A nan aka haifi Abu Abdullahi Muhammadu ɗan Isma'ila ɗan Ibrahimu ɗan Mugira ɗan Bardizba, ranar Juma'a 13 ga Shawwal, shekara ta 194 bayan Hijira, daidai da 810 Miladiyya. Bardizba Bamajushe ne, kuma malaman tarihi sun fassara sunansa da manomi a harshen mutanen Buhara. Ɗansa Mugira ne ya musulunta a hannun hakimin birnin, Yamanu Alju'ufi. Mahaifin Imamu Buhari ya rasu ya bar shi yana ƙarami, mahaifiyarsa ta rene shi. An ruwaito cewa idanunsa sun rufe yana yaro, uwar ta dage da roƙon Allah har ganinsa ya dawo.

Ya fara haddace hadisi yana ɗan shekara goma. Da ya kai goma sha shida, sai ya tafi aikin Hajji tare da mahaifiyarsa da wansa Ahmadu. Su suka koma gida, shi kuwa ya zauna a Makka da Madina yana karatu, kuma a Madina ya fara rubuta littafinsa Attarihul Kabir a kan masu ruwaito hadisi. Daga nan ya yi ta tafiye-tafiye. Ya shiga Basra da Kufa da Bagadaza a Iraƙi, ya je Sham da Masar, ya zaga biranen Hurasan, kamar Naisabura da ke Iran a yau, da Balhu a Afganistan, da Marwa a Turkmenistan. Ya ɗauki hadisi daga malamai fiye da dubu, cikinsu har da Imamu Ahmadu ɗan Hambali da Aliyu ɗan Madini da Ishaƙa ɗan Rahawaihi.

Malaman Bagadaza sun taɓa jarraba shi. Suka zaɓi hadisi ɗari, suka cuɗanya isnadinsu, suka raba wa mutum goma su karanta masa. Kowanne aka karanta sai ya nuna bai san shi a haka ba. Da suka gama, ya maimaita kowane hadisi yadda aka birkita shi, sa'an nan ya mayar masa da isnadinsa na gaskiya.

Babban aikinsa shi ne Aljami'us Sahih, wanda ya shafe shekara 16 yana tattarawa. Daga ruwayoyi wajen 600,000 ya zaɓo 'yan sama da 7,000, in an haɗa da waɗanda aka maimaita. Ba ya karɓar hadisi sai ya tabbatar kowane mai ruwaya adali ne, mai kiyayewa, kuma ya ji daga wanda ya gabace shi. Mai noman rani ya san cewa in hanyar ruwa ta fashe a wuri ɗaya, ruwan ba zai isa gona ba, komai cikar madatsa. Haka Imamu Buhari ya ɗauki isnadi. An ruwaito cewa ba ya rubuta hadisi cikin littafin sai ya yi wanka ya sallaci raka'a biyu.

Duk da wannan daraja, ƙarshen rayuwarsa ya zo da jarrabawa. A shekara ta 250 ya sauka Naisabura, jama'a suka tarye shi da murna, amma saɓani ya tashi tsakaninsa da babban malamin garin, Muhammadu ɗan Yahaya Azzuhali, a kan mas'alar lafazin mai karanta Alƙur'ani, har ya bar garin. Da ya koma Buhara, sai hakiminta Halidu ɗan Ahmadu ya nemi ya riƙa zuwa fada yana karantar da shi da 'ya'yansa su kaɗai. Imamu Buhari ya ƙi, domin a wurinsa ilmi zuwa ake yi a same shi, kuma ba a keɓe shi ga 'ya'yan masu mulki a hana 'ya'yan talakawa. Hakimin ya fusata ya kore shi daga garin haihuwarsa. Ya sauka wurin danginsa a ƙauyen Hartank kusa da Samarƙand, inda Allah ya karɓi ransa daren ƙaramar Salla, shekara ta 256, watau 870 Miladiyya, yana da shekara 62. Shi kuwa Halidu, daga baya aka tuɓe shi, ya mutu a kurkuku a Bagadaza.

Sauran marubuta littattafan hadisi shida su ma 'yan wannan sashe ne na duniya. Imamu Muslim ɗan Naisabura ne, Tirmizi daga Tirmiz a bakin Jaihuna, Nasa'i daga Nasa, Abu Dawuda daga Sijistan, Ibnu Maja kuwa daga Ƙazwin. Muslim da Tirmizi almajiran Buhari ne.

Birnin Buhara ya ga sauye-sauye bayansa. Rundunar Jengis Han ta ƙone shi a 1220, Rasha ta ɗora masa hannu a 1868, 'yan kwaminis suka kawar da sarautarsa a 1920, aka rufe masallatai da makarantu masu yawa, har zuwa 1991 da Uzbekistan ta sami 'yancin kai. Duk waɗannan dauloli sun wuce, amma littafin korarren malamin nan har yanzu ana karanta shi a zaurukan malamai daga Indunisiya har zuwa Kano, iyaye kuma suna raɗa wa 'ya'yansu sunansa.

Allah ya jiƙan Imamu Buhari, ya ba al'umma malamai masu tsoronsa, ya sa masu ɗauke da wannan suna su gaji halin mai shi. Amin.