Marigayi Alhaji Adamu Halilu, Marubucin Majigi da Sinima

A zamanin Gwamnatin Jihar Arewa, idan kaka ta yi, auduga ta cika kasuwannin Funtuwa da Malumfashi, motar majigi takan bi garuruwa da dare, a kafa farin ƙyalle a ƙofar fada, jama'a su taru. A nan manoma suke ganin wasanni irin su Baban Larai, wanda aka shirya domin a kwaɗaita wa talakawa noman auduga bisa tsarin malaman gona. Cikin 'yan ƙasa da suka gaji wannan aiki daga hannun Turawa, babu wanda ya yi fice kamar marigayi Alhaji Adamu Halilu.

An haife shi a Garkida, cikin ƙasar Adamawa, a shekarar 1936. Ya koyi rubuta labarin fim da haɗa hotuna a London da birnin Rum, sa'an nan ya yi aiki a sashen majigi na gwamnati a Kaduna. Aikinsa a wannan lokaci shi ne ya ɗauki saƙon hukuma a kan lafiya ko noma ko ilmi, ya saƙa shi cikin labari yadda mutumin ƙauye zai zauna ya kalla har ƙarshe. Cikin irin waɗannan akwai Mama Learns a Lesson na 1963, mai jan hankalin mata masu ciki zuwa asibiti.

Amma burinsa ya wuce wa'azin hukuma. A shekarar 1976 ya fito da Shaihu Umar, dogon fim da harshen Hausa, wanda aka gina bisa littafin Firayim Minista Sir Abubakar Tafawa Ɓalewa. Labarin yaro ne daga Kagara da aka sace, bauta ta ƙetare Sahara da shi, ya zama babban malami, mahaifiyarsa kuma ta bi sawunsa har ita ma ta faɗa hannun masu cinikin bayi. Malam Umaru Ladan ne ya fito a matsayin Shaihu. Da wannan aiki Halilu ya nuna cewa Hausa tana iya ɗaukar babban labari a allon sinima. Bayansa ya yi Kanta na Kabi, daga baya kuma ya shugabanci Hukumar Fina-finai ta Nijeriya, wadda aka kafa a 1979.

Allah ya yi masa rasuwa a shekarar 2001, lokacin da kasuwar fina-finan bidiyo ta Kano ta bunƙasa, alhali yawancin matasan da ke cikinta ba su taɓa ganin aikinsa ba, domin Shaihu Umar ya ɓace shekaru da yawa. Sai a 2016 aka gano faifansa a ma'ajiyar hukumar, cibiyar Arsenal ta ƙasar Jamus ta gyara shi, aka nuna shi a bikin fina-finai na Berlin a 2018.

Da faifan nan ya ruɓe a ɗakin ajiya, da wahalar mutum guda da wani yanki na tarihin Arewa sun tafi tare. Wannan abin lura ne ga duk ma'aikacin da aka damƙa wa amanar adana kayan hukuma. Allah ya jiƙan Alhaji Adamu Halilu, ya sa aljanna ce makomarsa, amin.