Karel Hašler, mawaƙin da waƙarsa ta kai shi kushewa

Masu karatu, yau za mu kai ku ƙasar Cek, a tsakiyar Turai, domin mu waiwayi tarihin Karel Hašler, mawaƙi kuma ɗan wasan sinima wanda ƴan mulkin Hitila suka hallaka saboda waƙoƙinsa.

An haife shi ranar 31 ga Oktoba 1879 a Prag, lokacin da ƙasarsu take ƙarƙashin daular Ostiriya da Hangari. Sana'ar ɗinkin safar hannu ya fara koyo, amma hankalinsa yana wajen wasan kwaikwayo. Ya yi wasa a biranen Brno da Ljubljana, kafin a ɗauke shi a babban gidan wasan kwaikwayo na ƙasa da ke Prag cikin 1903, inda ya zauna har 1916. Ya kuma jagoranci gidajen nishaɗi irin su Lucerna da Rokoko.

Waƙa ce ta fi fito da sunansa. Ya tsara waƙoƙi sama da 300, galibinsu a kan tsohon birnin Prag, da soyayya, da kishin ƙasa. Kalmominsa masu sauƙi ne, talaka na jin su sau ɗaya ya riƙe, har wasu suka ɗauka waƙoƙin gargajiya ne. Ya shiga sinima tun zamanin da ba a jin magana, kuma da murya ta shigo sai ya ƙara haske, musamman a fim ɗin Písničkář na 1932.

Cikin watan Maris na 1939 sojojin Jamus suka mamaye ƙasar. Da yawa suka kama bakinsu, shi ko ya ci gaba da rera waƙoƙin kishin ƙasa da na yi wa ƴan mamaya shaguɓe. Ƴan sandan ciki na Gestapo suka kama shi a farkon 1941, suka sake shi. Bai daddara ba. A watan Satumba na wannan shekara suka koma suka ɗauke shi a wurin ɗaukar wani fim. Daga gidan kaso na Pankrác aka kai shi Dresden, daga nan sai sansanin Mauthausen na Ostiriya. Can aka gana masa azaba, har da kwarara masa ruwan sanyi cikin tsakiyar hunturu. Ya mutu ranar 22 ga Disamba 1941, yana da shekara 62.

Waɗanda suka kashe shi sun so su kashe waƙoƙin ne, sai dai hakarsu ba ta cim ma ruwa ba. Har gobe ana rera su a ƙasar Cek. Akwai alawa mai sanyaya maƙogwaro da ake kira Hašlerky da sunansa, kuma cikin 2009 aka kafa gunkinsa a kan tsohuwar matakalar fadar Prag, wadda ya taɓa yi wa waƙa.