Ray Fisher

Ray Lyle Fisher (an haife shi ranar 4 ga Oktoba, 1887, ya rasu ranar 3 ga Nuwamba, 1982) ɗan wasan ƙwallon besbol ne kuma koci, ɗan ƙasar Amurka. Ya yi kaka goma yana jefa ƙwallo a manyan gasannin ƙwararru, da farko a ƙungiyar New York Yankees, daga baya a Cincinnati Reds. Bayan haka ya shafe shekara 38 yana horar da 'yan wasan Jami'ar Michigan, daga 1921 zuwa 1958. Karɓar aikin jami'ar ne ya jawo aka haramta masa wasan ƙwararru har iya rayuwarsa, hukuncin da ba a janye ba sai a 1980, lokacin yana da shekara casa'in da 'yan kai.

Farkon rayuwa da karatu

An haifi Fisher a garin Middlebury da ke jihar Vermont, a arewa maso gabashin Amurka, kuma a gona ya tashi. Ya yi karatu a Kwalejin Middlebury, inda ya shiga wasanni daban-daban, ya kammala a 1910. Tun yana ɗalibi ya fara wasan kuɗi a ƙaramar ƙungiyar Hartford ta jihar Connecticut. A 1908 ya ci wasa 12 ya faɗi ɗaya, a 1909 kuma ya ci 24 ya faɗi 5. Wannan bajinta ce ta sa manyan ƙungiyoyi suka fara nemansa.

Ba kamar yawancin 'yan wasan zamaninsa ba, Fisher bai rabu da makaranta ba. Idan kakar wasa ta ƙare yakan koma koyarwa. Ya koyar da harshen Latin, ya kuma riƙe muƙamin daraktan wasanni a Kwalejin Middlebury. Dalilin haka 'yan jarida suka yi masa laƙabi da malamin makaranta na Vermont.

Wasan ƙwararru

A besbol, mai jefa ƙwallo shi ne ke tsayawa a tsakiyar fili yana wurga ƙwallo zuwa ga mai bugu na ɗaya ɓangaren, yana neman ya hana shi dukan ta da kyau. Yawancin nauyin wasa a wuyansa yake, shi ya sa ake rubuta nasara ko faɗuwa da sunansa. Fisher da hannun dama yake jifa.

Ya fara bugawa ƙungiyar New York a 1910, lokacin ana kiranta Highlanders, kafin sunan Yankees ya tabbata a 1913. Ƙungiyar ba ta da ƙarfi a waɗannan shekarun, duk da haka Fisher ya zama ɗaya daga cikin waɗanda ta fi dogara da su. Kakarsa mafi kyau a New York ita ce ta 1915, inda ya ci wasa 18 ya faɗi 11. Bai yi wasa a 1918 ba saboda aikin soja a lokacin Yaƙin Duniya na Ɗaya.

Da ya dawo a 1919, Cincinnati Reds ta ɗauke shi. Ya ci wasa 14 ya faɗi 5, ƙungiyar kuma ta kai ga gasar ƙarshe ta World Series, inda ta kara da Chicago White Sox. Fisher ne ya fara jifa a wasa na uku, wanda Reds ta faɗi da ci 3 da nema a hannun Dickie Kerr. A ƙarshe Reds ta lashe gasar da wasa biyar a kan uku. Sai dai daga baya ta bayyana cewa wasu 'yan wasan Chicago sun karɓi kuɗi daga 'yan caca domin su saki wasa, abin kunyar da ya shahara da sunan Black Sox. Kerr ba ya cikin waɗanda aka zarga, haka kuma babu wanda ya taɓa danganta Fisher da wannan badaƙala.

An san Fisher da shafa wa ƙwallo miyau kafin ya jefa, dabarar da ke sa ta karkace ba zato a gaban mai bugu. Da aka hana wannan salo a 1920, an keɓe mutum 17 da aka yarje wa su ci gaba da shi har su bar wasa, kuma yana cikinsu. Ya rufe wasan ƙwararru da nasara 100 da faɗuwa 94.

Haramcin 1921

A wancan zamani kwantiragi yana ɗaure ɗan wasa ga ƙungiyarsa, ba ya iya komawa wata sai da yardar masu ita. Kafin kakar 1921, Reds ta rage wa Fisher albashi da dala dubu ɗaya. Ya sa hannu, amma ransa bai so ba. A daidai lokacin ne kujerar kocin besbol ta Jami'ar Michigan ta zama babu kowa, domin Del Pratt, wanda aka ba aikin, ya koma wasa a Boston Red Sox. Branch Rickey, wanda shi ma ya taɓa horar da Michigan, ya ba da shawarar a ɗauki Fisher.

Fisher ya tafi Ann Arbor da yaƙinin cewa manajan Reds, Pat Moran, ya ba shi izini, kuma za a sa sunansa cikin waɗanda suka ajiye wasa don raɗin kansu. Maimakon haka, sai ya tarar an sa shi cikin jerin waɗanda ba su da ikon wasa, bisa hujjar cewa sanarwar kwana bakwai ya bayar alhali ƙa'ida ta ce kwana goma. Ya kai kuka ga kwamishinan besbol na farko, alƙali Kenesaw Mountain Landis. Landis ya tuntuɓi Moran, shi kuwa ya musanta cewa ya ba da izini. Daga nan kwamishinan ya yanke hukuncin haramci na dindindin.

A shekarar ce kuma Landis ya kori 'yan wasan Chicago takwas saboda badaƙalar caca. Ta haka sunan Fisher ya shiga jeri ɗaya da nasu, ko da yake abin da ke tsakaninsa da Reds saɓani ne kan kwantiragi.

Horarwa a Michigan

Fisher bai sake komawa manyan gasanni a matsayin ɗan wasa ba. A Michigan ya tsaya, ya jagoranci ƙungiyar Wolverines ta ci wasa 636, ta kuma lashe gasar jami'o'i ta Big Ten sau 15, na farko a 1923, na ƙarshe a 1953. A 1923 ya sa baƙar fata Rudolph Ash cikin ƙungiyar, a lokacin da manyan gasannin ƙwararru ba sa ɗaukar baƙaƙe, kuma ba su fara ba sai a 1947. Ya kai 'yan wasansa ƙasar Japan sau biyu, a 1929 da 1932, inda suka kara da ƙungiyoyin jami'o'in can.

Babbar nasararsa ta zo a 1953, da Michigan ta lashe gasar jami'o'i ta ƙasa baki ɗaya a birnin Omaha, karo na farko a tarihinta. A wasan ƙarshe ta doke Jami'ar Texas da ci 7 da 5. Kocin Texas a lokacin, Bibb Falk, shi ma tsohon ɗan wasan ƙwararru ne.

Ban da besbol, Fisher ya taimaka wajen horar da sababbin ɗalibai ƙwallon ƙafa irin ta Amurka, kuma cikin waɗanda suka ratsa ta hannunsa akwai Gerald Ford, wanda ya zama shugaban ƙasa a 1974. Lokacin hutun bazara yakan koma Vermont ya horar da wata ƙungiya a gasar yankin. A can ya koyar da Robin Roberts, ɗalibin Jami'ar Jihar Michigan, wanda daga baya ya ci wasa 286 a manyan gasanni, ya kuma shiga zauren girmamawa na besbol a 1976. Fisher ya yi ritaya bayan kakar 1958, tsohon ɗalibinsa Don Lund ya gaje shi.

Janye haramci da rasuwa

A 1970 jami'ar ta sauya wa filin besbol ɗinta suna zuwa Ray Fisher Stadium, kuma har yau a nan Wolverines ke wasanninta na gida. Duk da wannan karramawa, hukuncin Landis yana nan a rubuce. Magoya bayansa suka matsa a sake duba batun, har kwamishina Bowie Kuhn ya janye haramcin a 1980, ya ɗauki Fisher a matsayin ɗan wasan da ya yi ritaya ba tare da wani laifi ba. Shekara 59 ke nan bayan yanke hukuncin.

A 1982 an gayyace shi bikin tsofaffin 'yan wasa a filin Yankee Stadium, lokacin shi ne mafi tsufa cikin tsofaffin 'yan Yankees da ke raye. Ya rasu a Ann Arbor a watan Nuwamba na wannan shekara, yana da shekara 95.