Farfesa Abdu Mumuni, ɗan Tasawa da ya so ya sa rana aiki

Duk wanda ya ƙetare gadar Kennedy a birnin Yamai ya nufi Harobanda ya san sunan Abdu Mumuni, tunda shi ne sunan babbar jami'ar ƙasarmu. Sai dai sunan ya fi mai sunan sanuwa. Da yawa daga cikin masu faɗar shi kullum, in an tambaye su ko wane ne, iyakar amsarsu ita ce wani babban malami ne da ya rasu. To shi ya sa a yau za mu kawo wa masu karatu tarihin wannan bawan Allah, da labarin littafin da ya rubuta, da aikin da ya ƙare rayuwarshi a kai.

An haifi Abdu Mumuni Dioffo ranar 26 ga watan Yuni na shekara ta 1929 a garin Tasawa, cikin jahar Maraɗi ta yanzu. Asalin gidansu Zabarmawa ne na Kirtashi, can bakin kogin Isa, kudu da Yamai. Ya fara lakwal a Damagaram, ya ci gaba a Yamai, daga nan aka tura shi ƙasar Senegal, makarantar William Ponty. Wannan makaranta ita ce ƙololuwar abin da Nasara suka tanadar wa ɗan Afirka ta Yamma a wancan zamani. Can ne Bubu Hama da Jori Hamani da Jibo Bakari suka yi karatu, haka ma Modibo Keita na Mali. Galibin waɗanda suka fito daga Ponty sukan koma gida su zama mushe ko akawun kwamanda, karatu ya ƙare kenan. Shi Abdu Mumuni bai tsaya nan ba. Ya shiga lise Van Vollenhoven ta Dakar ya samu bak, sannan ya wuce birnin Paris, inda ya duƙufa kan ilimin fizik, wato sanin yadda haske da zafi da motsi da lantarki ke aiki.

Ya samu lisans a 1953. A shekara ta 1956 kuma ya ci gasar da Faransawa ke kira agrégation. Ya kamata a ɗan yi bayani a nan, don ba jarrabawa ba ce irin wadda duk mai maki ke wucewa. Gasa ce mai gurabe ƙidayayyu, ana fafatawa da zaƙaƙuran ɗaliban Faransa kansu, a cikin harshensu, a cikin ƙasarsu. Abdu Mumuni shi ne baƙar fata na farko daga ƙasashen Afirka rainon Faransa da ya ci ta a fannin fizik. Yana da shekara 27, ya kuma fito daga ƙasar da ko a ranar samun ƴancin kanta, a 1960, yaran da ke zuwa lakwal ba su kai 5 cikin 100 ba.

Da wannan takarda a hannu, da ya so, da ya yi zamanshi a Faransa cikin rufin asiri. Amma tun yana ɗalibi ya riga ya tsunduma cikin gwagwarmaya. Yana cikin waɗanda suka kafa FEANF, ƙungiyar ɗaliban Afirka baƙar fata da ke karatu a Faransa, wadda ta addabi magabatan mulkin mallaka da neman ƴanci. Yana kuma cikin waɗanda suka kafa jam'iyyar PAI a 1957 a Senegal, jam'iyya mai ra'ayin gurguzu da ta fito fili ta nemi cikakken ƴancin kai a lokacin da manyan ƴan siyasa da dama ke ta kewaye-kewaye.

Sai ga ƙuri'ar raba gardama ta 28 ga watan Satumba 1958. A nan Nijar, Sawaba ta Jibo Bakari ta kira jama'a su ce a'a, ba ta yi nasara ba. A Gine kuwa Seku Ture ya ce a'a kuma jama'a suka bi shi. Faransa ta fusata, ta kwashe malamanta da likitocinta da ma'aikatanta cikin ƴan watanni, don ƙasar ta durƙushe kowa ya gani. Wasu matasan Afirka masu ilimi suka bar ayyukansu suka tafi Konakiri don kada makarantu su rufe, cikinsu har da masanin tarihi Joseph Ki-Zerbo na Haute-Volta, wato Burkina Faso ta yau. Abdu Mumuni, wanda ke koyarwa a Dakar, yana cikinsu. Ya koyar a lise ta Donka a Konakiri. Ya kuma koyar a lise ta Yamai, daga baya a babbar makarantar horar da malamai ta Bamako.

A farkon shekarun 1960 ya tafi Tarayyar Sobiyet, inda ya ƙware kan makamashin rana. Shekara ta 1964 ita ce mahaɗar rayuwarshi, don a cikinta ne abubuwa biyu suka faru tare: aka ba shi jagorancin ɗakin binciken makamashin rana na ƙasar Mali, kuma madaba'ar François Maspero ta Paris ta buga littafinshi mai suna L'Éducation en Afrique, wato ilimi a Afirka.

Abin mamaki ne a ce masanin fizik littafin da ya fi shahara da shi ba na fizik ba ne, na makaranta ne. Amma wanda ya karanta shi zai gane dalili. Abdu Mumuni ya fara ne da tarbiyyar gargajiya ta kafin zuwan Nasara, ya nuna yadda yaro ke koyo cikin aiki, a gona da maƙera da masaƙa da bayan garke, yadda duk gari ke da hannu cikin tarbiyyarshi, da yadda abin da ya koya da safe yake amfani da shi da marece. Daga nan ya juya kan lakwal ɗin Nasara, kuma a nan ne alƙalaminshi ya yi kaifi. Ya nuna cewa ba don a wayar da jama'a aka buɗe ta ba, an buɗe ta ne don a samu ƴan tsirarun akawu da tafinta da masu allura da za su riƙa wa mai mulki aiki. Ta raba yaro da harshen uwarshi, ta sa shi ƙyamar fartanya, ta koya mishi kogunan Faransa alhali bai san inda gulbin garinsu ya fito ba. Abin da ya fi damun shi kuma shi ne, shekara huɗu bayan ƴancin kai, sababbin gwamnatoci sun gaji wannan makaranta sun rungume ta yadda take, tuta kawai aka canza.

Shawarwarin da ya bayar su ne a koyar da yara cikin harsunan Afirka, a yaƙi jahilci tsakanin manya da gaske, a ba kimiyya da sana'a babban gurbi, a kuma ɗaure makaranta da noma da kiwo da masana'antu na ƙasa. A ganinshi, kimiyyar da ta tsaya a bakin mutum ɗari masu jin Faransanci ado ce kawai. Sai ta shiga hannun manomi da maƙeri da matar da ke gaban murhu sannan take zama dukiyar ƙasa. An fassara littafin zuwa Ingilishi a 1968, ya zama abin karatu ga masu nazarin ilimi a ƙasashe da dama. A nan gida, makarantar gwaji ta farko da ke koyarwa da Hausa ta buɗe a Damagaram a 1973. Sai dai kalmar gwaji ta daɗe manne da irin waɗannan makarantu, shekaru suna ta wucewa ana gwaji, kamar ba a son a ga sakamako.

Wannan tunani ne dai ya kai shi ga rana. Ƙasashen Sahel a lokacin ba su haƙo fetur, ba su da kuɗin sayen shi, amma kowane murabba'in mita na ƙasar Nijar yana samun ƙarfin rana da ya kai kilowat-awa 5 zuwa 7 a wuni, kyauta, daga Gaya har Bilma. Kundin babban digirinshi na dokta, wanda ya kare a Paris a 1967, ya shafi yadda madubi mai zurfi kamar ƙwarya ke tattara hasken rana wuri guda har ya zama wuta. Yaron da ya taɓa ƙona takarda da gilashin tabarau ya san tushen abin. Aikin masani shi ne ya auna yawan zafin da ke taruwa da yadda yake rarrabuwa, don a san irin tukunya ko injin da za a ɗora a wurin.

A 1969 ya dawo gida ya karɓi ragamar ONERSOL, ofishin makamashin rana na Nijar, ya riƙe shi har 1985. Shekarun nan ne fari ya afka wa Sahel, dabbobi suka ƙare, yunwar 1973 da 1974 ta tarwatsa ƙauyuka, farashin fetur ya yi tashin gwauron zabo a duniya, sojoji ƙarƙashin Seyni Kunce suka kifar da gwamnatin Jori a watan Afrilu 1974. Itatuwan da ke kewaye da birane kuma suna ta ƙarewa cikin murhu. Abin da wasu ke ɗauka wasan masana ne a da, sai ya zama maganar ci da sha.

A ONERSOL ba a tsaya ga rubuce-rubuce ba, an ƙera kaya. Akwai na'urar ɗumama ruwa: faranti ne na ƙarfe da aka shafa wa baƙin fenti, tiyo na bi ta cikinshi, an rufe da gilashi; ruwan da ya yi zafi yakan hau tanki da kanshi, mai sanyi ya sauko, ba kuran ba gawayi. Akwai na'urar tace ruwa ta hanyar tururi, da ta busar da kayan gona, da murhun girki na madubi. An kuma ƙera injin mai aiki da zafin rana, wanda aka sa wa sunan ofishin, tare da haɗin gwiwar wani kamfanin Jamus. Manufar Abdu Mumuni ita ce a ƙera waɗannan kaya a Yamai, da hannun ƴan ƙasa da aka horar a nan, don in sun lalace a samu mai gyara a kusa.

Gaskiya ba duka ne suka karɓu ba. Murhun madubi, misali, yana son mace ta tsaya cikin rana tsaka tana juya shi yana bin rana, alhali tuwon dare bayan la'asar ake ɗora shi, kuma tuƙin tuwo na son tukunyar da ta zauna daram. Kuɗin sayen kayan ma ya fi ƙarfin talaka, icce kuwa a ƙauye ana samun shi ba da kuɗi ba, ko da za a yi tafiyar rabin wuni. Ga kuma uraniyom na Arlit da aka fara haƙa a 1971, wanda ya ɗauke hankalin magabata. Da farashinshi ya faɗi a shekarun 1980, kuɗin bincike na cikin abin da aka fara tsukewa. Wannan ba ya rage darajar aikin. Ya dai nuna abin da shi kanshi ya rubuta, cewa na'ura ba ta zama a gari sai ta dace da rayuwar mutanen garin.

Yana wannan aiki yana kuma koyar da fizik a jami'ar Yamai, wadda ya shugabanta daga 1979 zuwa 1982. Hukumomin duniya irin su UNESCO sun riƙa neman shawararshi kan makamashin rana. Ya rasu a Yamai ranar 7 ga watan Afrilu 1991, yana da shekara 61, ƴan watanni kafin a buɗe babban taron ƙasa. A 1992 aka sa wa jami'ar sunanshi. Allah ya jiƙan shi, ya sa aljanna ce makomarshi.

Ranar da ya yi wa hidima ta zo daga baya, amma ta wata ƙofa. A zamaninshi faifan sola mai juya haske kai tsaye zuwa lantarki, wanda muke kira panno, yana da tsadar da sai tauraron ɗan adam da manyan ayyuka ke iya ɗauka, shi ya sa galibin aikinshi ya karkata ga zafin rana. Tsakanin 2010 da 2020 farashin panno ya faɗi da kusan kashi 90 cikin 100. Yau ga shi bisa rufin shaguna da gidajen likita na ƙauye, yana jan ruwa a garake, yana cajin salula a kasuwannin mako. An buɗe tashar sola mai megawat 7 a Malbaza a 2018, da mai megawat 30 a Goru Banda kusa da Yamai a 2023. A shekarar nan ta 2023 ne, bayan juyin mulkin 26 ga watan Yuli, Najeriya ta yanke kuran da take sayar wa Nijar, wanda ya kai kusan kashi 70 cikin 100 na abin da ƙasar ke amfani da shi, ba a maido ba sai watan Maris 2024. Waɗanda suka kwana cikin duhu da zafi a watannin nan a Maraɗi da Damagaram da Yamai sun ji a jikinsu abin da mutumin nan ke faɗa tun 1964. Sai dai pannon da batir ɗin da aka ruga saye kusan duka daga waje suke zuwa, akasari daga ƙasar Sin, ba daga wata masana'anta ta Yamai ba.

A ɓangaren harshe ma an motsa: kundin da aka ƙaddamar a watan Maris 2025 ya ayyana Hausa a matsayin harshen ƙasa, Faransanci da Ingilishi suka zama harsunan aiki. Shi kuwa littafin, madaba'ar Présence Africaine ta sake buga shi a Paris a 1998, da Faransancin da aka rubuta shi, harshen da galibin manoma da iyayen yaran da ya yi magana a kansu ba su karantawa.