Sultan Khan: gwanin shaɗaranji da aka naɗa shekara 58 bayan rasuwarsa

A watan Fabrairun 2024, shugaban Hukumar Shaɗaranji ta Duniya, FIDE, Arkady Dvorkovich, ya je Islamabad ya miƙa wa gwamnatin Pakistan takardar naɗa Sultan Khan a matsayin Babban Gwani, lambar da Faransawa ke kira grand maître. Ita ce mafi girman lambar da ɗan wasa zai riƙe har mutuwa. Sai dai mai lambar ba ya wurin, domin ya rasu tun 1966.

Shaɗaranji shi ne wasan da muke ji ana kira échecs a nan Kamaru, mai gidaje 64, da sarki da sarauniya da dawaki da dakaru. Daga Indiya ya samo asali, ya bi ta Farisa da ƙasashen Larabawa kafin ya isa Turai, inda aka sauya masa wasu dokoki.

Daga ƙauyen Punjab

An haifi Sultan Khan a 1903 a Mitha Tiwana, cikin yankin Punjab, wanda yake ƙarƙashin mulkin Ingila a lokacin, yanzu kuma yana cikin Pakistan. Musulmi ne, kuma wurin mahaifinsa ya koyi wasan tun yana yaro. Amma irin na gida ya koya. A tsarin Indiya, dakare ba ya tsallaka gida biyu a takunsa na farko, kuma babu dabarar nan ta ɓoye sarki a bayan hasumiya cikin taku ɗaya kamar yadda Turawa ke yi. Wasan nasu yana farawa a hankali, sai an yi nisa wuta ke kamawa.

Labarin gwanintarsa ya kai kunnen Sir Umar Hayat Khan Tiwana, wani babban mai filaye da ke da faɗa a ji wurin Turawan mulki. Ya jawo shi gidansa a 1926, ya sa aka koya masa dokokin Turai. Shekara biyu bayan haka, a 1928, Sultan Khan ya lashe gasar Indiya baki ɗaya ba tare da an ci shi ko sau ɗaya ba.

Shekara biyar da suka girgiza Turai

A 1929 Sir Umar ya tafi Landan tare da shi. 'Yan wasan Turai na lokacin sun haddace littattafai a kan yadda ake buɗe wasa, shi kuwa bai taso da waɗannan littattafai ba, sanyin Ingila kuma bai karɓe shi ba, kullum yana fama da mura da zazzaɓi. Duk da haka, a bazarar wannan shekara ya shiga gasar zakarun Birtaniya a garin Ramsgate, ya zo na ɗaya. Ya sake ɗaukar kambun a 1932 da 1933. Wato sau huɗu ya shiga, sau uku ya ci.

Salonsa ya bambanta da na kowa. Sau da yawa yakan fito daga farkon wasa a takure, abokin karawarsa na ganin nasara ta zo. Da an shiga tsakiya sai ya fara gyara zaman 'ya'yansa ɗaya bayan ɗaya, ba gaggawa, har a wayi gari ɗayan ba shi da inda zai motsa. A ƙarshen wasa, lokacin da 'ya'ya suka ragu a kan allo, ƙalilan ne a duniya ke iya ja da shi.

Wasan da aka fi tuna shi da shi ya faru ne a gasar Hastings ta ƙarshen 1930. Ya zauna gaban José Raúl Capablanca, ɗan ƙasar Kuba wanda ya riƙe kambun duniya daga 1921 zuwa 1927, mutumin da akan yi shekaru ba a ci shi ba. Sultan Khan ya ba da sarauniyarsa ya karɓi hasumiya biyu, ya ɗaure Capablanca tamau, har tsohon zakaran ya sallama bayan taku 65. A 1931 ya kara da Savielly Tartakower wasa 12, ya ci huɗu, aka ci shi uku, suka yi canjaras biyar.

Sau uku yana zama a allo na ɗaya na tawagar Ingila a gasar ƙasashen duniya: Hamburg a 1930, Prague a 1931, da Folkestone a 1933. A Prague ya doke Salo Flohr da Akiba Rubinstein, ya yi kunnen doki da Alexander Alekhine, wanda ke riƙe da kambun duniya a lokacin. A 1933 ma wata budurwa mai suna Fatima, ita ma daga gidan Sir Umar, ta lashe gasar mata ta Birtaniya. Kambu biyu suka kwana gida ɗaya.

Komawa gona

A ƙarshen 1933 Sir Umar ya koma gida, Sultan Khan ya bi shi. Yana da shekara 30, ƙarfinsa na tashe, amma bai sake taka Turai ba. Ya koma noma a yankin Sargodha, ya yi iyali, ya fi son 'ya'yansa su yi karatu a kan su bi sawunsa. Tarin fuka ya yi ajalinsa a watan Afrilun 1966.

A 1950, yana raye, FIDE ta fitar da jerin Manyan Gwanaye na farko, mutum 27. Ta saka har da dattawan da suka daɗe da wuce ganiyarsu, saboda abin da suka yi a baya. Rubinstein da Tartakower da Flohr, waɗanda duk ya taɓa kayarwa, suna ciki. Sunansa babu. A lokacin hukumomin ƙasashe ne ke gabatar da mutanensu su tsaya musu, shi kuma yana can ƙauye, nesa da masu rubuta sunaye.

Har yau ana jayayya a kan labarinsa. Marubutan Turai sun daɗe suna kwatanta shi da bara marar ilimi wanda ubangidansa ya kai kallo, wasu kuma na kiransa ɗan Indiya kawai. 'Ya'yansa da jikokinsa sun musanta haka. Sun ce daga gidan malamai masu gonaki ya fito, yana da karatunsa na gida, kuma ɗan Pakistan ne ya rayu ya mutu bayan raba ƙasar a 1947.

Abin da ya shafe mu

Masu buga damier a New Bell da sauran unguwannin Hausawa na Duwala sun san makamancin wannan labari. Baba Sy na Senegal ya cancanci karawar neman kambun duniya a 1963, ba a yi karawar ba, ya rasu a 1978, sai a 1986 aka amince shi ne zakaran duniya na wancan lokaci.

Yau dokar zama Babban Gwani a rubuce take: ɗan wasa ya kai maki 2500 a ma'aunin FIDE, ya kuma nuna ƙwazo na musamman, galibi a manyan gasa uku. Amon Simutowe na Zambiya ya samu lambar a 2009. Amma makin ba ya taruwa sai a gasar da aka yi wa rajista, kuma zuwa irin waɗannan gasa na cin kuɗin jirgi da masauki. Yaron da ke cinye manya a ƙofar shago ko a wayar salula, in ba a kai shi kulob an rubuta sunansa a hukumar wasan ta ƙasa ba, gwanintarsa a unguwa za ta tsaya. Sultan Khan ya samu mai kai shi Landan, amma bai samu mai tsaya masa a 1950 ba, shi ya sa takardarsa ta iso bayan an daɗe da binne shi.