Tarihin Marigayi Umaru Ganda, Ɗan Dako Da Ya Zama Ɗan Wasan Silima

Ga tarihin wani ɗan ƙasarmu wanda ya sha wuyar baƙunta kamar yadda da yawanmu suka sha.

An haifi Umaru Ganda a Yamai cikin 1935, Bazabarme ne. Bayan ya gama ƙaramar lakwal, yana ɗan shekara 16 ya shiga sojan Faransa, aka kai shi yaƙin Indoshin. Da ya komo gida bai samu aiki ba, sai ya nufi Abijan, ya kama dako a tashar jirgin ruwa.

Can ya gamu da Bafaranshen nan Jean Rouch, mai binciken zaman ƴan Nijar da ke ci-rani a bakin teku. Rouch ya ɗauke shi aikin tambaye-tambaye, daga baya ya sa shi cikin silimar Moi, un noir ta 1958, wadda aka ɗauka a unguwar Treichville. Ya fito da laƙabin Edward G. Robinson, sunan wani ɗan wasan Amurka, amma abin da ya nuna rayuwarsa ce: aikin yini, kuɗi kaɗan, da tunanin yaƙi. Muryarsa ce ke ba da labarin. Silimar ta ci kyautar Louis Delluc a Faransa.

Da ya dawo Yamai ya koyi shirya silima da kansa. Cikin Cabascabo, wadda aka nuna a Cannes a 1969, shi ne tsohon sojan da ya komo da dukiya, abokai da maroƙa suka kewaye shi, kuɗi na ƙarewa kowa ya watse. Le Wazzou polygame labarin wani alhaji ne da ya ƙaro mata ta uku bisa tilas, kishi ya jawo kisa. Ita ta ci babbar kyautar bikin FESPACO na Wagadugu a 1972, karo na farko da aka ba da ita. Sai Saitane, kan malamin tsibbu mai cutar jama'a, da L'Exilé ta 1980. Zalika Sule ta yi wasa cikin silimominsa.

Allah ya yi masa rasuwa ran 1 ga Janairu 1981, da ciwon zuciya. An sa sunansa ga babban gidan raya al'adu na Yamai, da kuma wata kyauta ta FESPACO.

To, samari masu fita Kano, Ikko ko Abijan, ku tuna da Cabascabo. Abin da kuka samo da gumi, ku sa shi a gona da bisashe da lakwal ɗin yara kafin abokan cin mushe su ji ƙamshinsa.

Allah ya jiƙan Umaru Ganda, ya maido matafiyanmu lafiya. Amin.